Murafen kwalba 22 da kakar Notre Dame ta 1946: ga inda aka kwana

'Yan'uwa masu koyon buga ƙwallon Amurka a kan allo, barkanku da ƙoƙari. Mako na biyar ke nan ina fama da kakar 1946 ta jami'ar Notre Dame da ke jihar Indiana, kuma na cije a wasa na shida.

Kwalin da na fara zana filin a kai ya sha laima ya lanƙwashe, sai na sa kafinta ya yanko min falanki, tsawo santimita 120, faɗi 53. Kowace santimita yadi ɗaya ke nan: 100 na fili, goma-goma na gidan ci a kowane ƙarshe. Turakun raga na tsinken tsintsiya ne, kuma na kafa su a layin baya, domin nan suke a wasan jami'o'i tun 1927. 'Yan wasa kuwa murafen lemo ne, irin wanda muka yi ƙwallo da shi a ƙasa muna yara. Na Notre Dame na ɗiga musu jan farcen uwargida, ba da saninta ba. Matsalar ita ce murfi ɗaya ya cinye wajen yadi uku, wanda ko George Connor, ƙaton Notre Dame da ya ɗauki kambun Outland (na gwarzon layin gaba) na farko a shekarar, bai kai wannan faɗin ba. Haka nan na bar shi.

Jerin da koci Frank Leahy ke amfani da shi mai siffar harafin T ne: bakwai a gaba, madugu Johnny Lujack manne a bayan na tsakiya, uku a jere a bayansa. Ƙwayar ludo biyu da jadawalin da na rubuta a bayan kalanda su ke faɗin yadi nawa aka ci a kowane yunƙuri. Wasanni biyar na farko sun tafi lafiya lau. A zahiri sun doke Illinois 26 da 6, Pittsburgh 33 da nema, Purdue 49 da 6, Iowa 41 da 6, makarantar sojan ruwa 28 da nema, kuma allona bai yi nisa da haka ba. Har na fara jin kaina.

Sai ga 9 ga Nuwamba, filin wasa na Yankee a New York, karawa da makarantar hafsoshin soja ta West Point. Sojojin nan, lokacin da Leahy da Lujack ke aikin sojan ruwa, sun yi wa Notre Dame cin kaca: 59 da nema a 1944, 48 da nema a 1945. Sun shigo da nasara 25 a jere, ga taurarinsu Doc Blanchard da Glenn Davis. Mutum sama da 70,000 suka zuba ido, aka tashi babu ci ko ɗaya. Ni kuwa sau bakwai na buga wasan nan a tsakar gida, ko sau ɗaya bai tashi canjaras ba.

Kuskurena na farko, na ware murafen hari daban, na tsaro daban, kamar yadda ake yi yau. A lokacin yawancin 'yan wasa ba sa fita idan ƙwallo ta koma hannun abokan hamayya. Lujack ɗin da ke jefa ƙwallo shi ne ya kamo Blanchard ta ƙafa lokacin da ya ɓalle ya nufi gidan ci, babu kowa a gabansa sai shi. Madugun sojoji Arnold Tucker shi ma yana tsaron baya, ya cafke jifan Lujack har uku. Yanzu murfi ɗaya ke yin aiki biyun, kuma duk wanda ya yi yunƙuri goma a jere ina sa masa ƙwayar wake a ciki, in rage masa ɗaya daga abin da ludo ya ba shi. Waken biyu, a rage biyu. Wannan kaɗai ya zubar da makin kusan rabi.

Na biyun ya fi ba ni kunya, don hannuna ne. A zango na biyu Notre Dame ta kai yadi huɗu daga gidan ci, Leahy ya ƙi bugun raga mai maki uku, ya nemi shida na shiga gidan ci, aka tare su. Ni duk sanda na zo wurin sai in buga, in ci 3 da nema, in yi ta murna. Ai ni na san maki uku sun isa, shi bai sani ba. A sauran wasan kuma akasin haka ne: shi da kocin sojoji Earl Blaik kowa taka-tsantsan yake yi, ni ko ina ta jifa mai nisa tunda murfin kwalba ba ya jin kunyar faɗuwa. Don haka na rubuta wa kowane koci katin hali, abin da zai yi a yunƙuri na huɗu, wato na ƙarshe, gwargwadon inda yake a fili, na cire kaina daga shawarar. Wanda ya taɓa gwada irin wannan katin, don Allah ya faɗa min ko yana barin ludo ya karya shi wani lokaci.

Jiya da daddare, da wake da kati, an tashi 7 da nema. An matso. Saura Northwestern, Tulane da jami'ar Kudancin California, inda a zahiri Notre Dame suka ci 27, 41 da 26, suka rufe kakar da maki 271 aka zura musu 24 kacal, 'yan jarida suka ba su matsayi na ɗaya bayan sojoji sun sha da ƙyar a hannun sojan ruwa, 21 da 18. Amma ba zan taɓa su ba sai na sake na sojoji sau uku. Kafin nan sai na nemo Blanchard, don autana ya yi gaba da murfinsa tun safe.