Tarihin Rayuwata, Kashi na 14: Taswirar da Aka Naɗe Tsire da Ita

Makon jiya na yi alkawarin labarin aurena na fari, to ku yi mini haƙuri, sai wani jiƙon. Shekaranjiya na bi ta Agege, ƙanshin tsire ya buge ni daidai bakin layin dogo, maganar taswirata ta dawo mini sabuwa fil.

Ina aji uku na sakandare ke nan, shekarar da aka kwashe gwamnati daga Legas zuwa Abuja, 1991. Baba yana sayen gwangwan a lokacin, in an tashi makaranta ni nake riƙe masa littafin awo. Sikeli biyu gare shi: na rataye mai sifirin, da tsohon nan mai faranti biyu da duwatsun awo, wanda ya taho da shi daga gida. Na ratayen na sauri ne. Da gardama ta tashi sai ya ce a ɗauko tsohon, ya ƙara da maganarsa ta kullum: "Dutse da dutse ake awo."

Malaminmu na kimiyya ne ya jawo mini. Ya ce jan da wata yake yi wa abu kashi ɗaya ne cikin shida na jan ƙasarmu, na duniyar Mas ya ɗan haura sulusi, na Mushtari kuwa ya kai ninki biyu da rabi. Wato buhun ƙarfe mai kilo 60, in ka rataye shi a sikelin Baba a kan wata, allura 10 za ta nuna. Mutane kan ce maganaɗisun ƙasa, ni dai ban taɓa son sunan ba. Maganaɗisu ba ruwansa da katako, jan ƙasa kuwa ko gashin kaza bai bari ba.

Daren nan ban runtsa ba. Na samo takardar siminti, na ɓare ɓawon ciki mai tsabta, na haɗa falle huɗu da kokon rogo, na danne ƙarƙashin tabarmar Inna har ta miƙe. A kai na zana duniyoyi tara da babu su ko'ina sai a kaina. Akwai Kwarin Dalma, inda mutane gajeru ne masu kaurin ƙwauri, gidajensu ba bene, wanda ya faɗo daga kan jaki sai dai a yi masa salla. Akwai Tudun Auduga, inda raƙuma ke tsallake ganuwa, ruwan sama ya sauko a hankali kamar yana jin kunya. Kowace duniya na kewaye ta da layuka irin na tudu da kwari da muke yi a darasin labarin ƙasa: jan biro a matse inda jan ya yi tsanani, shuɗi a warwatse inda ya yi sanyi. Tsakanin duniyoyin na fitar da hanyar ayari, fatake cikin jirage masu filafilai suna raɓa gefen jan layi don kada ya haɗiye su. Wata biyar ina wannan aiki da fitilar ƙwai.

Sirrin labarin shi ne madugun da ya mallaki taswirar. Ya sayi gishiri a Tudun Auduga inda sikeli ke nuna kaɗan, ya kai Kwarin Dalma inda yake nuna ninki uku, ya kwashi riba ba wanda ya gane.

Na shimfiɗa wa Baba ita bayan sallar isha'i, ina ta zuba. Ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Kai yaro, mutanen kwarin nan ba su da sikeli mai faranti ne?" Na ce, "Me ka gani, Baba?" Ya ce, "In gishiri ya yi nauyi a can, ai dutsen awon ma ya yi nauyi." Mutumin da bai taɓa zama a benci ba ya rushe mini wata biyar da magana ɗaya. Na ji haushi, na kuma ji daɗi, har yau ban san wanne ya fi ba.

Baffa ne dai ya raba ni da taswirar. Ya zo daga Idi-Araba ya kwana biyu, ya ga takardar a ɗaki, ya ce zanen aljanu ne, ya miƙa wa mai tsiren ƙofar gida. Ko da na dawo makaranta an yayyaga ta. Da idona na ga Kwarin Dalma ya jiƙe da mai da yaji a hannun wani ɗan acaɓa. Na ce, "Baffa, aikina ne fa." Ya ce, "Aikin banza, ai gara ta yi amfani." Ya rasu yanzu, Allah ya jiƙansa, na yafe, amma bai taɓa cewa in yi haƙuri ba.

Sai da na yi 'ya'ya uku na gano ashe manyan masana irin aikina suke yi. A 2002 hukumar NASA ta Amurka da takwararta ta Jamus suka harba tagwayen taurarin ɗan'adam masu suna GRACE, ɗaya na bin ɗaya da tazarar kusan kilomita 220. In na gaba ya iso saman wuri mai ƙarfin ja, sai ya ɗan ƙara gudu, tazarar ta canza, da wannan aka zana taswirar jan duniya har zuwa 2017. A kudu da Sirilanka akwai yankin teku mai raunin ja, har fuskar ruwan ta lotsa wajen mita 100. Mu nan Legas da muke kusa da ikwaita, layin da ya raba duniya kudu da arewa, janmu bai kai na ƙuryar arewa mai ƙanƙara ba: buhun da sikelin rataye ya ba kilo 100 a Agege, a can zai ƙara kusan rabin kilo. Ashe madugu na da gaskiyarsa, ribar ce kawai ba ta kai kuɗin mota ba. Ja da shuɗi ma suka shafa wa tasu taswirar. Na so a ce Baffa yana raye in kai masa har Idi-Araba.

Tsohon sikelin yana wurina, dutsen rabin kilo ya ɓata tun tashinmu daga gidan haya na biyu. Autata ta tambaye ni me ya sa ba zan sake zanawa ba. Na gwada, duniyoyi shida na tuna, ukun sun ƙi zuwa. Mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, maganar auren.