Sarah Swift da tantance ma'aikatan jinya a Ingila

Duk wanda ya karanta tarihin aikin jinya a Birtaniya ya san Florence Nightingale, amma ba kowa ne ya ji labarin Sarah Swift ba, alhali kuwa tsarin da ma'aikatan jinya na ƙasar ke tafiya a kai yau yana da hannunta a ciki. An haife ta a 1854 a yankin Lincolnshire, ta koyi aiki a asibitin Dundee da ke Scotland, daga baya ta zama shugabar ma'aikatan jinya a asibitin Guy's na Landan har ta ajiye aiki a 1909.

Da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke a 1914, tana da shekara kusan 60 aka sake kiranta, aka ɗora mata shugabancin ma'aikatan jinya na ƙungiyar agaji ta Red Cross da ta St John. Aikin da ya hau kanta shi ne tantance matan da za a tura asibitocin soja, kuma a nan ne ta ga ɓarakar da ke akwai. A wancan zamani babu wata doka da ta fayyace wace ce nas. Wata ta yi shekara uku tana koyo a babban asibiti, wata kuma 'yan makonni ta yi tana koyon ɗaurin rauni, amma dukansu kayan aiki masu kama da juna suke sawa, sojan da aka yanke wa ƙafa kuwa ba shi da halin bambance su. Kowane asibiti da irin takardar shaidarsa, ita kuma dole ta auna darajar kowace takarda kafin ta amince.

Abin da ya fi burge ni game da ita shi ne ba ta jira yaƙi ya ƙare ba. A 1916, ana tsakiyar gumurzu, ita da Arthur Stanley, wanda ke jagorantar Red Cross, suka kafa Kwalejin Aikin Jinya da mambobi 34 kacal, domin a daidaita horo kuma a samu rajista guda. Ba kowa ya yi maraba da hakan ba. Ethel Bedford Fenwick, wadda ta shafe kusan shekara 30 tana fafutikar rajista, ta ƙi kwalejin saboda a ganinta likitoci da shugabannin asibitoci sun yi wa kwalejin katutu, kuma ina ganin damuwarta tana da tushe.

Duk da wannan saɓani, majalisar dokoki ta zartar da dokar rajistar ma'aikatan jinya a Disamba 1919, shekarar da aka karrama Swift da lambar girmamawa ta masarauta. Ta rasu a 1937, shekara biyu kafin kwalejin ta sami izinin ƙara sunan sarauta a sunanta.