Tarihin Rayuwata, Kashi na 6: Ƙullutun da ke Saman Gwiwata

Assalamu alaikum. Makon jiya na tsaya a inda aka kawo kuɗin gaisuwata, dangin Baba suka ce a ba su wata uku kafin sa rana. Na kuma ce muku auren ya kusa watsewa ba tare da wani ya yi wa wani laifi ba. Dalilin yana ƙafata ta hagu, don haka sai na ɗan koma da ku baya.

Ina da shekara 12 aka fara ganin sa. Lokacin sanyi ne, kun dai san sanyin Jos, Inna tana goga mini man kaɗe saboda kaushi, sai na ji hannunta ya tsaya a cikin cinyata, ɗan sama da gwiwa. Ta danna, ta sake dannawa. Ta ce, "Auta, mene ne wannan?" Abu ne kamar goro, tauri kamar dutse, ba ya motsi, fata ce kawai ke zamewa a kansa. Zafi kuwa ko kaɗan. Baba ya ce in wata ya ƙare zai kai ni asibiti. Watan Nuwamban 2008 ne. Wanda ya zauna a Jos ya san rikicin da ya ɓarke a ƙarshen wannan watan. Aka sa dokar hana fita, mu da ke Unguwar Rogo ta abinci muke yi, wa zai tuna da ƙullutun da ba ya ciwo?

Bayan ƙura ta lafa Gwaggo ta ja ni wurin wani mai ɗori. Ya ce tsohuwar karaya ce ta haɗe a karkace, ni kuwa ban taɓa karyewa ba. Kwana bakwai yana murza wurin da man shanu har fatar ta saɓule, ƙullutu yana nan daram. Da wanzami ya kawo maganar sakiya ne Inna ta tsaya kai da fata. Ta ce, "Sakiya ai ƙurji mai ruwa ake yi wa. Wannan ƙashi ne, me za a fasa?" Inna ba ta yi boko ba, amma daga baya na gane duk cikinmu ita ce ta fi kusa da gaskiya.

Haka muka ci gaba, ina tsawo yana girma. Daga goro ya kai ƙwan kaza, sai wajen shekara 16 ya tsaya cak, daidai lokacin da ni ma na daina tsawo. Zani ya rufa mini asiri, na ma manta da shi.

Keken ɗinki ne ya tono shi. A 2016 ina koyon ɗinki a wani shago kusa da Taminus, keken ƙafa muke takawa. Azumi ya zo, ɗinkin Sallah ya taru, mukan kai dare. Sai na fara jin wani abu yana tsallake ƙullutun, ƙas, duk lokacin da na miƙe ƙafa. Wurin ya ɗan kumbura. Zaman tahiya ya gagare ni, sai dai in miƙe ƙafar gefe kamar tsohuwa. A wani biki ƙanwar wanda zan aura ta gani ana yi mini lalle. Kafin kwana uku magana ta je kunnen Hajiyarsu cewa yarinyar nan tana da ƙari a ƙafa, kafin mako ƙari ya zama daji.

Ban ga laifinsu sosai ba. A layinsu an yi wani saurayi da gwiwarsa ta kumbura cikin 'yan watanni, aka yanke ƙafar, daga baya ya rasu. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Ni kaina na daina barci.

Yaya ne ya kai ni asibiti, sashen ƙashi. Likitan bai yi gaggawar taɓa wurin ba, tambayoyi ya fara jero mini. Tun yaushe? Yana ƙara girma yanzu? Ciwon yana tashe ki daga barci, ko sai kin yi aiki? Kina ramewa? A gidanku akwai mai irinsa? Sannan ya lalluba kafaɗuna, wuyan hannu, ɗayar gwiwar da idon sawu, wai ko akwai wasu. Ya sa na ɗaga tafin ƙafa sama da ƙasa, ya taɓa bugun jini a bayan sawuna. Ya rubuta hoton ƙashi.

Hoton nan har yau ina da shi a ƙasan akwati. Ƙashin cinya ya sauko sumul, sai gab da gwiwa wani reshe ya fito daga gefe, mai siririn wuya da faffaɗan kai kamar laimar kwaɗi, ya juya wa gwiwar baya yana kallon sama. Likita ya ɗora biro a kai ya ce wa Yaya, "Malam, ka ga yadda bayan ƙashin ya zarce cikin reshen babu yankewa, ɓargon ma ya shiga ciki? Wannan ita ce shaidarsa." Ya ce sunansa ostiyokondiroma, kuma a cikin ƙarin ƙashi marasa daji babu wanda ake gani kamarsa.

Ga yadda ya fahimtar da mu. A ƙarshen dogayen ƙasusuwan yaro akwai wani faifan guringuntsi, daga nan tsawo yake fitowa. Wani lokaci ɗan guntun guringuntsin yakan kauce gefe, ya ci gaba da aikin da ya saba, wato ƙera ƙashi, sai dai a inda ba a sa shi ba. Shi ya sa ya fi fitowa kusa da gwiwa da saman dantse, wuraren da suka fi saurin girma. Shi ya sa kuma in faifan ya rufe, mutum ya daina tsawo, shi ma sai ya tsaya. Yaya ya ce, "Likita, ba faɗuwa ba ce ke nan?" Ya ce yawanci haka kawai yake fitowa, ba abinci ba ne, ba kuma laifin kowa ba ne. Ya yi murmushi ya ƙara da cewa ba jifa ba ne. Da alama ya sha jin tambayar.

Na ce to ai shi ke nan, duk ƙullutu mai tauri ba abin tsoro ba ne. Ya ce a'a, kada in kai wannan maganar gida. Marasa dajin ma iri-iri ne. Akwai wani ɗan mitsitsi da ido ba ya gani, sai azabar ciwo da dare, amma da an sha asfirin ya lafa. Akwai na cikin ƙashin yatsu wanda sau da yawa sai yatsan ya karye ake gano shi. Akwai mai cinye ƙarshen ƙashi a tsakanin shekara 20 zuwa 40, wanda sai an kankare shi. Shi kuwa dajin ƙashi na samari shi ma gwiwar yake so, sai dai yana girma cikin watanni, da ciwon da ba ya jin hutu. Hannun mai ɗori ba ya rarrabe su, nasa hannun ma ba ya yi sai da hoto.

Da yake na wuce shekarun girma kuma ga ciwo ya taso, ya ce sai an yi hoton maganaɗisu, wanda ake kira MRI. Kan reshen yana sanye da hular guringuntsi wadda hoton farko ba ya nunawa, kuma kaurinta ake aunawa. Ga babba, in ta kai wajen santimita 2 hankalin likitoci yakan tashi. Kuɗin adashena kaf a nan suka tafi. Aka tura ni cikin wani rami mai ƙara kamar injin niƙa, ana cewa kar in motsa, ni kuwa ba abin da ban karanta ba. Hulata ko santimita 1 ba ta kai ba. Ciwon kuma jijiyar nama ce ke gogar reshen, har ruwa ya taru a tsakaninsu.

Ya ba ni zaɓi. Ya ce mutane da yawa suna rayuwa da shi har tsufa ba a taɓa ba, sai dai a riƙa dubawa, domin rikiɗewarsa zuwa daji ga mai guda ɗaya bai wuce kashi 1 cikin 100 ba. Ana cirewa ne in yana ciwo, ko ya danne jijiya ko hanyar jini, ko ya hana gaɓa motsi, ko ya ci gaba da girma bayan mutum ya gama tsawo. Ni da keke ne abincina, na ce a cire.

Shawo kan Baba ya fi aikin wuya. Shi da ya ji tiyatar ƙafa, yankewa kawai yake gani. Sai da likita ya zana masa a bayan kati, ya ce, "Baba, reshe za mu sare, bishiyar tana nan." Sannan Baba ya sa hannu, yana ta maimaita hasbunallahu.

Allura aka yi mini a gadon baya, daga ƙugu zuwa ƙasa ya mutu, amma idona biyu. An kare ni da ƙyalle, ba na ganin komai, sai dai ina ji. Ƙwas, ƙwas, ƙwas, kamar matan da ke fasa dutse a bakin hanya, ga jikina yana ɗan girgiza da kowane bugu, zafi kuwa babu. Daga tushe ake sare shi, a ɗauke hular gaba ɗaya, don in aka bar guntunta yana iya dawowa. Wata nas ta nuna mini shi a cikin kwalba. Kansa fari-fari mai sheƙi, kamar guringuntsin da muke rububi a kai in an dafa kan sa. Shekara 8 ina ɗauke da shi, ga shi ko tafin hannu bai cika ba.

Kwanana uku aka sallame ni da sanda. Bayan mako biyu aka cire zare. Abin da ya rage shi ne sakamakon ɗakin gwaji, inda aka kai naman a duba, kuma jiran nan ya fi mini ciwon ɗinkin. Ranar da ya fito likita ya karanta ya ce babu daji. Inna ta yi sujada a tsakar gida, Gwaggo kuwa ta ce ai dama ita ta san man shanun nan ne ya hana shi bazuwa. Ba wanda ya tanka mata.

Na ɗauka magana ta ƙare. Na ba wanda zan aura takardar ya kai gida. Sai ya dawo da wata tambayar daga Hajiya: ana gadonsa? Wannan ma na riga na tambaya. Irin da ake gado shi ne mai fitowa da yawa a jiki, a gwiwa da hannu da kafaɗa, wani lokaci har ya lanƙwasa hannu ko ya gajarta ƙafa. Mai irin wannan, kowane ɗa da ya haifa rabi da rabi ne, ko ya ɗauka ko ya tsira. Nawa guda ɗaya ne tak, kuma ba a san kowa da shi a danginmu ba. Na faɗa masa haka, ya ce zai isar.

Kwana tara ba kira, ba aike. Ranar Juma'a bayan la'asar ina zaune a tabarma na miƙe ƙafa, Inna tana tankaɗe, sai muka ji sallama. Gwaggonsa ce da wata mata da ban taɓa gani ba, matar tana riƙe da ƙullin leda baƙa. Ko zama ba su gama yi ba Gwaggon ta dubi Inna ta ce, "Yaya, a ɗan ba mu wuri, da yarinyar muke son magana."

Mu haɗu mako mai zuwa in Allah ya kai mu.