Agogon ganye da shekara taran da ya ci mini

Jiya da la'asar ɗan ƙanwata ya shigo gidana ɗauke da kwali, a ciki akwai wayoyi da batir da ɗan ƙaramin sola da tukwane uku da ya shuka gyaɗa. Wai Kawu zo ka ga abinda na ƙirƙiro, agogo ne mai aiki da ganye, ya maƙala wata ƴar na'ura a jikin ganyen, da zarar ganye ya naɗe sai wayarsa ta yi ƙara. Har nan ban ce uffan ba. Sai da ya ce ƙarshen wata zai ajiye aikinsa na shagon magani, ya sayar da mashin ɗinsa ya zuba kuɗin a ciki, nan fa gabana ya faɗi, don wallahi kaina nake kallo a tsaye a tsakar gidan nan.

Ni malamin firamare ne a da. A wani tsohon littafi na fara cin karo da labarin wani Bafaranshe, de Mairan, da a 1729 ya kulle tsiron nan mai naɗe ganye idan an taɓa shi a wuri mai duhu, amma ganyen ya ci gaba da buɗewa da safe yana rufewa da dare alhali baya ganin rana. Sai kuma Linnaeus na ƙasar Suwidin da a 1751 ya kawo tunanin a shuka furanni a jere, kowanne da awar buɗewarsa, mutum ya duba lambu ya san ƙarfe nawa. Daga ranar barci ya ƙaurace mini. Na ce to mu da muke da salla biyar, me zai hana in yi lambun da zai nuna lokutan salla da tsirranmu na gida? Furen kabewa na buɗewa da sassafe kafin azahar ya yanƙwane, na kuɓewa yini ɗaya kawai yake yi ya rufe, gyaɗa da tsamiya suna haɗe ganye da faɗuwar rana, furen kuka kuwa sai da almuru yake buɗewa jemagu su zo masa. Komai ya hau a takarda.

A ƙasa ne bai hau ba. Ranar da hadari ya rufe gari a watan Agusta sai lissafi ya goce, hazon hunturu ma haka, sanyi ya sa wannan ya makara zafi ya sa wancan ya yi gaggawa, kuka kuma furenta na da lokacinsa a shekara ba kullum ba. Maimakon in tsaya in yi tunani sai na ce kayan aiki ne bani da su. Na bar koyarwa. Na sayar da rabin gonar da Baba ya yankar mini na sayi injin ban ruwa don kabewa ta yi fure har da rani, na sayi baƙin yadi ina lulluɓe shuka don in rage mata tsawon yini, wasu kuma in kunna musu fitila cikin dare. Shekara tara ina wannan, littafi goma sha huɗu na cika da awa da minti.

Kuma fa Baba, Allah ya jiƙansa, ya faɗa mini tun farko. Ya ce kai ɗan nan, dawarmu ta gida ko ka shuka ta da ruwan fari ko ka makara, ba ta fidda kai sai ƙarshen damina, ita ta san lokacinta ba naka ba. Ya nuna mini gawo da yake zubar da ganye da damina ya yi kore shar da rani. Na ɗauka maganar wanda bai yi boko ba ce. Daga baya na karanta cewa abinda ya faɗa shine masana a Amurka suka rubuta a 1920, cewa tsawon yini ne ke umartar wasu tsirrai su yi fure, kuma a wajenmu nan tsakanin yini mafi tsawo da mafi gajarta kusan awa ɗaya da rabi ne kacal amma dawa tana jin wannan bambancin. Shi bai san sunan abin ba amma shekara hamsin yana aiki da shi.

Uwargida ta yi yaji sau biyu, kuma da gaskiyarta, tukunya ba ta dahuwa da littafi. Babbar ƴata ban ga ranar da ta fara tafiya ba. Wanda ya fi ci mini rai har yau, ranar da jikin Baba ya tsananta aka aiko yaro lambu ya ce Baba na kira, na ce ka ce ina zuwa, saura kaɗan tsamiya ta rufe in rubuta lokacin. Na rubuta. Ko da na isa an riga an rufa masa mayafi. Shafin nan yana nan, bana iya buɗe shi.

Amma kada wani ya ce hauka na yi, wannan kam ban yarda ba. Abin gaskiya ne, a jikin mutane da dabbobi da tsirrai akwai agogo, a 2017 ma an ba wasu masana uku ƴan Amurka kyautar Nobel kan gano yadda yake aiki, a jikin ɗan ƙaramin ƙudan nan na ƴaƴan itace suka gano shi. Da na samu mai riƙe ni da ɗakin gwaji wa ya san inda zan kai? Kuma a lambun nan na koyi auren mangwaro, wanda ke sa bishiya ta yi ƴaƴa a shekara uku zuwa huɗu maimakon mai ƙwallo da sai ka jira ninkin haka, da shi nake ciyar da gidana yanzu. To amma wannan a wata shida zan iya koyonsa wajen kowane mai lambu ba tare da na sayar da gona ba, na sani.

Na yi niyyar jero muku shawara goma, da na zauna sai na ga ba su kai ba. Kada ka ajiye aikin da ke ciyar da kai saboda abinda bai riga ya ciyar da ko kaza ba. Yi gwajinka bayan la'asar da ranar hutu. Idan an ce iyayenka na kira, ajiye komai, ko me kake aunawa gobe ma ganye zai rufe.

Sai dai kuma ni ban ce ku bari ba, don abinda ya fi ba ni haushi da ku yaran yanzu shine saurin bari. Ku fara abu ranar Litinin, ku ɗau bidiyo ku sa a TikTok ranar Laraba, Juma'a ba wanda ya yaba kun watsar. Yaron nan sati uku kawai ya yi yana kallon gyaɗarsa, damina ɗaya ma bai gani ba balle hunturu, har yana maganar kamfani. Na tambaye shi ina ka rubuta sakamakon, ya ce yana waya, wayar da ya canza sau biyu bana! Tsiro na son mutum ya ba shi rayuwarsa gaba ɗaya, rabi da rabi ba ya fidda komai. Na san wannan ya ci karo da abinda na faɗa a sama, to haka abin yake, ni ma ban warware shi ba. Kafin dai ka sayi ko waya ɗaya je ka zauna da tsohon manomi wuni guda ka rufe bakinka.

Na karɓi makullin mashin ɗin na ba uwarsa ta ɓoye, ya fita yana fushi ko sallama bai yi ba. Da daddare ya turo saƙo wai Kawu littattafan nan naka suna nan? Na ce suna cikin akwati, zo Juma'a bayan masallaci ka ɗauki goma sha uku.