Kyamarar da na miƙa wa matasan Mai Wurno

Bayan rikicin ƙabilanci da ya rutsa da Hausawa a garuruwan Damazin da Rusairis na ƙasar Sudan a watan Yulin 2022, na gaji da ganin baƙi suna zuwa su ɗauki hoton kukanmu su tafi. Sai na tara matasa shida a Mai Wurno, wani garin Hausawa da Fulani a Sudan, na koya musu riƙe waya ba tare da hannu ya yi rawa ba, da yadda ake kusantar da makirufo ga bakin mai magana, sannan na ce su ne za su zaɓi wanda za a tambaya da abin da za a tambaye shi.

Sun fara da wata tsohuwa da kowa ke kira Iya. Tana zaune a kan angarib, gadon igiya na Sudan, jabana, wato butar gahawa, na tafasa a gabanta, ta ba da labarin yadda kakanta ya biyo ayarin Muhammadu Bello Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru, zuwa Sudan bayan yaƙin Burmi da aka yi da Turawa a 1903. Ita ba ta taɓa ganin Sakkwato ba, amma da jikanta ya je neman jinsiyya, wato takardar shaidar zama ɗan ƙasa, sai da aka sa shi kawo shaidu, domin an ce shi Fallata ne, sunan da ake kiran masu asali daga Afirka ta Yamma da shi. Da ni na zauna gabanta da takardar tambayoyi, ba na jin za ta faɗi rabin wannan. Jikar maƙwabciyarta ce ke riƙe da wayar.

Abin da ban yi tsammani ba ya same mu a wani kambo, wato sansanin leburorin gona, a jihar Jazira, inda leburorin auduga suke zaune shekara da shekaru ba tare da mallakar ko taƙi ɗaya ba. Wani dattijo ya karɓi wayar, ya juya ta kan yaranmu, ya ce: "’Ya’yana, kuna kukan ana raina ku. Idan ɗana ya zo neman aure a gidanku, za ku ba shi?" Babu wanda ya amsa, kuma wayar ta ɗauki shirun nan gaba ɗaya.

A nan na gane cewa miƙa kyamara shi ne ɓangare mai sauƙi, ikon gaske yana hannun mai yankewa da haɗawa. Saboda haka muka haska fim ɗin da majigi a bangon wani gida tun kafin a kammala shi. Matasan suka so a cire shirun, Iya ta ce: "Ku bar shi, kunyar tamu ce." Ita kuwa ta nemi a cire inda ta ambaci wasu maƙwabta da suna. Nan ne maganarta ta fi ƙarfi, kuma raina bai so ba, amma na cire.

Yaƙi ya tashi a Afrilun 2023. Izinin da mutanen nan suka ba mu na lokacin zaman lafiya ne, don haka fim ɗin yana nan cikin kwamfutata, ban saka shi a intanet ba.