Godiya ga Daraktan da Ya Ɗauki Wasanmu a Garwa

Assalamu alaikum. Mu masu shirya wasan daɓe na bayan Sallah a nan Garwa ta ƙasar Kamaru muna miƙa godiya ga Malam darakta da yaransa. Faifan ya fito, mun kalla, alhamdulillahi.

Wanda bai san sana'ar ba zai ɗauka kunna kyamara ne kawai. Fim ana cewa a sake, amma wasan da ake yi gaban jama'a in ya wuce ya wuce. Shi ya sa Malam ya zauna a gwajinmu har sau 2 da takarda a hannu, yana rubuta ta inda kowa zai shigo da lokacin da makaɗa za su tashi. Ranar wasa ya kafa kyamara 3. Ɗaya tana baya kan ƙafarta, tana ɗaukar dandali gaba ɗaya, ba mai taɓa ta. Biyu suna gefe don fuskoki, dukansu ta wajen 'yan kallo, domin in ɗaya ta zagaya bayan 'yan wasa, wanda ke duban dama sai ya koma duban hagu a faifai.

Inda ya fi burge mu shi ne sauti, nan ne galibin masu ɗauka ke faɗuwa. Kakaki da algaita suna cika makirufo har murya ta tsage, kuma abin da ya tsage da wuya ya gyaru a kwamfuta. Sai ya ware wa makaɗa nasu makirufon, ya rage masa ƙarfi, ya jawo muryar 'yan wasa kai tsaye daga mikisa, wato na'urar haɗa sauti, ya kuma ajiye rikoda a tsakiyar jama'a saboda tafi da guɗa. Kafin a fara, yaronsa ya tafa hannu sau ɗaya gaban kyamarorin, da wannan aka daidaita hoto da murya wajen tacewa. Janareta kuwa can bayan katanga ya sa aka kai shi da doguwar waya.

Wutar lantarkin Kamaru mai 50 Hz ce, wato tana juyawa sau 50 cikin sakan, don haka ya ɗauka a hoto 25 cikin sakan, fitilu ba su yi ƙyafta-ƙyafta ba. Haske ma da hannu ya saita shi. In aka bar wa kyamara, farar shadda na shigowa sai fuskoki su dushe. Zafin Garwa kuma ba sai an faɗa ba, kyamara kan mutu da kanta in ta ɗau zafi, shi ya sa bai kunna su ba sai dab da farawa.

A daren ya kwafe abin da ke cikin katunan kyamarorin a ma'aji 2 kafin ya kwanta.

Malam, Allah ya saka da alheri, ya ƙara buɗi, ya jiƙan magabata. Iyayenmu mata da suka ciyar da ma'aikata da samarin da suka tsare wayoyi kada a taka, mun gode. Mai son kwafi ya zo da filashi wajen sakatare bayan La'asar.