Shawara ga ƙannena game da rumbun manhajojin waya

Ranar da na sayi wayar Android ta farko, mai shagon ya miƙa wa yaronsa ita ya ce ya saita mini. Yaron ya buɗe mini asusun Google cikin minti biyu, ya haɗa sunana da wasu lambobi da shi kaɗai ya san inda ya samo su, ya rubuta kalmar sirri da biro a bayan kwalin wayar, ya miƙo mini. Kwalin ya yi wata guda a kan durowa, daga baya yaran gida suka yi motar wasa da shi. Na shekara biyu ina amfani da wayar ba tare da na buƙaci kalmar sirrin ba, domin da zarar an shigar da asusu waya ba ta cika sake tambayar mutum ba, kuma wannan shirun nata ne ya yaudare ni har na ɗauka asusun ba shi da wani aiki.

Abin da ban sani ba a lokacin shi ne, Play Store, wato kasuwar manhajojin Android, wanda Google ya buɗe a 2008 da sunan Android Market kafin a sauya masa suna a 2012, yana riƙe da lissafin kowace manhaja da mutum ya taɓa saukewa, ta kyauta da ta kuɗi, kuma wannan lissafin yana rataye ne a wuyan asusun da aka sauke su da shi. Haka abin yake ga masu iPhone a App Store, inda asusun Apple ke riƙe da lissafin. Wanda ya sayi manhaja sau ɗaya yana iya sake sauke ta a sabuwar waya ba tare da ya biya ko kwabo ba, muddin ya shiga da asusun da ya saye ta da shi kuma manhajar tana nan a kasuwar.

Na koyi wannan ne bayan wayar ta faɗa cikin bokitin wanki ta ɗauke. Na sayi wata, na zauna shigar da asusu, sai na tarar ban san ko cikakken sunan asusun ba, balle kalmar sirri. Na buɗe sabo, kuma a nan take na rabu da ƙamus ɗin Larabci da na saya da kuɗina, da lambobin mutane da suke ajiye a tsohon asusun, da hirarrakin WhatsApp na shekara biyu, waɗanda ajiyarsu ke kwance lafiya a Google Drive amma ba ni da mabuɗin isa gare su, domin dawo da su yana buƙatar lambar waya ɗaya da asusun Google ɗaya da wanda aka yi ajiyar da shi. Da mai gyara ya farfaɗo da tsohuwar wayar ya yi mata filashin, sai ta tsaya cik a shafin farko tana neman asusun da aka yi amfani da shi a baya. Wannan kulle ne da Google ya sa tun Android 5.1 a 2015 domin hana ɓarawo cin moriyar wayar sata, ni kuwa ga ni tsaye a rumfar mai gyara, da rasiɗin wayar a aljihuna, kullen da aka yi domin kare ni ya hana ni shiga.

Saboda haka shawarata ta farko ita ce kada ku yarda wani ya buɗe muku asusu, ko da ɗan'uwanku ne, sai dai ya zauna kusa da ku ya nuna muku ku buɗe da hannunku. Ku rubuta sunan asusun da kalmar sirrinsa a littafin da kuke ajiyewa tare da takardun makaranta, ku kuma saka lambar waya da wani adireshin imel na dawo da asusu. Lambar ta zama wadda kuke amfani da ita kullum, domin kamfanonin waya suna sake sayar da layin da ya daɗe ba ya aiki, kuma idan layin ya koma hannun wani, saƙon tabbatarwa can zai tafi. Wanda yake da tsohon asusu da ya yi watsi da shi ya tuna cewa tun Disamba 2023 Google ya ba kansa damar goge asusun da ya shekara biyu ba a shiga ba.

Idan asusu yana hannunku, sauya waya ba ya wuce aikin yamma ɗaya. Mutum ya buɗe Play Store, ya taɓa hoton asusunsa da ke kusurwar sama ta dama, ya shiga sashen kula da manhajoji, ya sauya jerin daga waɗanda ke kan wayar zuwa waɗanda ba a sauke ba. A nan zai ga tarihinsa gaba ɗaya, har da wasannin da ya manta ya taɓa yi, ya zaɓi waɗanda yake so su sauka a lokaci guda. Ba na ba da shawarar a zaɓi duka. Da na yi haka a wayata ta uku, na cika ta da tarkacen da na shekara ban buɗe ba, kuma a wannan jerin ne mutum zai iya share sunayen da ba ya son sake gani.

Kuskurena na biyu ya fi na farko yaɗuwa a tsakaninmu, wato al'adar "tura mini". Saboda tsadar data, na saba karɓar manhaja daga wayar aboki ta hanyar manhajojin tura fayil, ina ganin na yi wayo. A da hakan yakan yi aiki ba matsala, amma tun Agusta 2021 Google ya wajabta wa sababbin manhajoji wani tsari da ke sa Play Store ya ba kowace waya guntayen da suka dace da irin injinta da girman fuskarta da harshenta. Abin da abokinka ya turo maka yana iya zama ɗinkin da aka yi wa wayarsa, shi ya sa wani lokaci manhajar take ƙin hawa, ko ta hau ta riƙa rufe kanta. Wannan ƙaramar matsala ce idan aka kwatanta da ta manhajar da aka yi wa kwaskwarima. Kowace manhaja tana ɗauke da hatimin wanda ya ƙera ta, kuma Android ba ya yarda sabuntawa ta hau kan manhajar da hatiminta ya bambanta. Duk wanda ya buɗe manhajar wani ya ƙara mata abu dole ya sa mata nasa hatimin, daga nan kuwa ta yanke daga Play Store, ba za ta sake samun gyara daga can ba, kuma babu wanda zai faɗa maka abin da aka cusa a cikinta.

Na taɓa amfani da irin wannan jabun manhajar hira, wadda aka yaba mini cewa tana ɓoye alamar an karanta saƙo kuma tana nuna saƙon da aka goge. Wata safiya na tashi na tarar an dakatar da lambata na ɗan lokaci, a makon da masu sayen kayana suke turo mini oda ta wannan lambar. Ba ni da wanda zan kai wa ƙara, domin masu manhajar ta asali sun daɗe da sanar da cewa amfani da kwaikwayonta ya saɓa wa sharuɗɗansu. Tun daga lokacin ba na sauke komai sai daga kasuwar, kuma ko a can ina duba sunan kamfanin da ya wallafa manhajar kafin na taɓa ta, musamman ta banki, wadda na fi son in bi mahaɗin da ke shafin bankin da kansa. Ina kuma barin Play Protect a kunne, wato mai gadin da Google ya ƙaddamar a 2017 yana bincika manhajojin waya, duk da cewa wasu masu gyara sukan kashe shi idan ya hana su shigar da abin da suke so.

Tsoron data ɗin nan dai shi ya kai ni ga kuskure na uku. Na kashe sabuntawa gaba ɗaya, na bar manhajoji sun fi talatin suna jira wata da watanni. Ana saura kwana biyu salla, ina tsaye gaban mai shinkafa an riga an ɗaura buhu a kan babur, na buɗe manhajar banki in tura kuɗi, sai ta ce ba za ta buɗe ba sai na sabunta ta. Sabis ɗin cikin kasuwa ba shi da ƙarfi, wayar kuma ta cika, har sai da na tsaya ina goge bidiyon bikin abokina ɗan acaɓa yana danna hon. Bankin bai yi laifi ba, domin yawancin sabuntawar irin waɗannan manhajoji toshe kafofin da 'yan damfara suke bi ne, kuma banki yana da hujja idan ya ƙi hulɗa da tsohon zubi. A saitin Play Store akwai zaɓuɓɓuka, daga cikinsu akwai sabuntawa ta kowace irin hanyar intanet, ko ta Wi-Fi kaɗai, ko a daina yi da kanta. Wanda yake samun Wi-Fi a makaranta ko wurin aiki ya zaɓi na Wi-Fi kaɗai. Wanda ba ya samu ya ware rana ɗaya a mako, ya sayi datar dare mai rahusa, ya fara da manhajar banki da ta hira da ta lilo a intanet, wasanni kuwa su jira.

Game da cikar waya, akwai maɓalli biyu a bayanin kowace manhaja da suke kama da juna amma aikinsu ya sha bamban. Ɗaya yana share tarkacen wucin gadi, kuma ba ya cutar da komai. Ɗayan yana share bayanan manhajar gaba ɗaya, ya mayar da ita kamar yau aka sauke ta, kuma da shi na taɓa shafe lissafin bashin shago na wata uku da ke cikin wata manhajar rubutu da ba ta ajiya a intanet. Kafin ku goge manhaja ko ku share bayananta, ku tabbatar inda take ajiye abin da kuka zuba mata, domin rumbun Play Store zai dawo muku da manhajar amma ba lallai ya dawo da abin da ke cikinta ba. Tun 2023 akwai zaɓin jingine manhajar da ba a cika amfani da ita ba, inda ake cire mafi yawan jikinta a bar alamarta da bayananta, kuma masu iPhone suna da makamancinsa tun 2017.

Goge manhaja kuma ba ya soke biyan kuɗin wata-wata. An cire mini kuɗi daga katina har sau huɗu saboda wata manhajar gyaran hoto da na karɓi gwajinta na kyauta na goge ta washegari, kafin na gano cewa sokewa tana sashen biyan kuɗi da rajista na Play Store.

Ranar da za ku sayar da waya ko ku ba ƙani, ku fara cire asusunku daga saitin wayar, sannan ku mayar da ita yadda ta fito daga kamfani. Idan kuma ku ne masu sayen ta hannu, ku sa mai ita ya yi hakan a gabanku, ku shigar da naku asusun, ku buɗe Play Store ku ga ya nuna muku jerin manhajojinku kafin ku ƙirga masa kuɗi.